Yadda Tafkin Bayan Gidana Ya Shiga Aikin Gwamnati

Wata Talata cikin watan Yuli, da misalin ƙarfe goma na safe, a ɗan garinmu na ƙasar Jamus, hukuma ta kama ni da tiyo a hannu. Ina tsaye a kan tsanin tafkin ninƙayarmu na bayan gida, bakin tiyon yana kallon ruwa, ni kuma ina kallon famfo. Ban buɗe shi ba. Na fi minti ashirin a haka ina gardama da kaina: idan doka ta ce kada ka buɗe, ƙafar matarka kuma ta ce ka buɗe, amanar wa za ka ci? Ban kai ga amsa ba sai na ji gyaran murya a bakin shinge.

Wani dogon mutum ne cikin shuɗiyar riga mai tambarin majalisar gari, da allon rubutu a hammata. Ya kira ni da Herr, wato Malam a harshenmu.

"Herr Dreisbach? Sunana Buschkötter, daga ofishin kiyaye doka. An kawo mana rahoto cewa kana ƙara ruwa a tafki."

"Zagayo ka taɓa tiyon," na ce. "Ya fi maƙogwarona bushewa."

Ya zagayo ya taɓa. Ya ɗaga shi ya leƙa ciki da ido ɗaya, ya girgiza, ko ɗigo bai fito ba. Na ga ransa bai so ba. Mutum ya taso tun daga tsakiyar gari cikin mota mai sanyi domin ya ceci ruwan al'umma, ya tarar mai laifin bai gama shawara ba.

"To me kake yi da shi a hannu?"

"Tunani."

Ya duba takardarsa, kuma na rantse muku dubawar gaske ya yi. "Tunani ba ya cikin abubuwan da aka hana. Amma zan rubuta cewa na gargaɗe ka."

"Da butar ban ruwa fa? Na ga an yarda a yi amfani da buta."

"An yarda, amma ga tsirrai kawai."

Na nuna masa ruwan tafkin, wanda ya riga ya zama kore kamar miyar alayyahu. "Ga tsirrai nan. Kwana shida ke nan ina noman gansakuka."

"Tsirran da ake ci, Herr Dreisbach."

"In na ci a gabanka fa?"

Bai yi dariya ba. Ya yi mini fatan yini lafiya, ya rufe ƙofar lambu a hankali, har ya gwada ta ya ga ta kama. Mutumin kirki ne, ba na zarginsa da komai. An ba shi takarda, shi kuma yana sonta tsakani da Allah.

Bari in faɗa muku yadda tsoho ɗan shekara sittin da bakwai, wanda ya ƙare ƙuruciyarsa a ƙarƙashin motocin bas yana gyaran birki, wanda ko iyon kirki bai iya ba, ya mallaki tafki. Garinmu yana da gidan ninƙaya na jama'a, mai rufi, mai ruwan ɗumi. Shekara takwas da suka wuce aka rufe shi domin gyaran wata uku. Tun daga lokacin mun yi zaɓe biyu, kuma kowane zaɓe Mai Girma Uban Gari, Allah ya ƙara masa ƙarfin alkawari, yakan sanar da cewa za a buɗe kafin zafi mai zuwa. Ku yi masa adalci, bai taɓa faɗin zafin wace shekara ba. An kafa kwamiti, kwamitin ya ɗauko masana daga nesa, masanan suka rubuta rahoto mai shafi ɗari biyu wanda ya gano cewa ginin yana bukatar gyara. Yanzu wata bishiya ta leƙo ta tagar ɗakin canza kaya, kuma na ji an ce sai an nemi izini kafin a sare ta.

A watan Mayu aka yi wa matata Irmtraud, wadda kowa ke kira Traudel, aiki a ƙugu aka sa mata ƙarfe. Likita bai ɓoye mata komai ba. Idan tana son ta ajiye sanda, sai ta riƙa tafiya cikin ruwa kullum, rabin awa, har ƙarshen zafi, domin ruwa ne ke ɗauke mata nauyi ƙafar ta sake koyon aikinta. In ta bari gaɓar ta sandare, to ita da sanda sai kabari. Gidan ninƙaya mafi kusa yana kilomita talatin da biyar, bas sau biyu yake zuwa can a rana, ni kuma ido ya sa na ajiye tuƙi tun bara. Shi ne na sayo tafki irin wanda ake kafawa a kan ƙasa, zagayen ƙarafuna da tamfol mai kauri, faɗinsa mita huɗu da rabi, ruwan yana kai mata ƙirji.

Mai kantin ya ce kula da shi ba wuya. Ban san abin da na yi masa ba da zai yi mini wannan ƙarya. Kowace safiya sai na bi saman ruwan da raga ina kwashe ganye da ƙudaje da zumar da ta zo shan ruwa ta yi kuskure. Sai in tsoma 'yar takardar gwaji in ga launin da za ta ba ni, in ruwan ya yi tsami in zuba wannan gari, in ya yi kanwa in zuba wancan. Sai ƙwayar kulorin, maganin kashe ƙwayoyin cuta, a cikin ɗan gwangwanin da ke yawo a kan ruwa. Sai injin da ke zuƙar ruwan ya bi da shi ta cikin tukunyar yashi ya dawo da shi a tace, awa takwas kullum. Kowane mako kuma dole a wanke yashin, wankin nan yana cin ruwa kamar lita ɗari biyu. Rana ma tana ɗaukar nata kason ba tare da ta tambayi kowa ba. Duk wannan ba komai ba ne muddin kana iya buɗe famfo ka mayar da abin da ya tafi.

Ƙarshen watan Yuni fari ya tsananta, Mai Girma Shugaban Harkokin Ruwa ya fitar da doka: ba wanke mota, ba shayar da ciyawa, ba cika tafki, ba ƙara masa ko cokali. Ban ce dokar ba ta da dalili ba. Rafin bayan gari ya zama hanyar keke, na gani da idona. Abin da ya tsaya mini a wuya shi ne famfon ado da aka gina bara a gaban ofishin Uban Gari, mai baki goma sha huɗu, yana ta feshi sama tun safe har yamma domin tattabaru su ji daɗi. Da aka yi tambaya a jarida, ofishin ya ce ai ruwansa zagayawa yake yi. Nawa ma zagayawa yake yi, ranka ya daɗe. Sai dai ko ranar da ke dukan ƙofar ofishinka ta karanta dokar, tawa ce jahila.

Cikin kwana goma ruwanmu ya sauka ƙasa da bakin da injin ke zuƙa. Injin ya fara shaƙar iska yana tari, na kashe shi kada ya ƙone. Ruwan da ba ya motsi a cikin wannan zafi, kwana uku ya ishe shi. Ya yi hazo, ya yi kore, bangon tamfol ya yi santsi. Mace mai sabon ɗinki ba za ta shiga wannan ba. Traudel ta koma kujera a ƙarƙashin bishiyar tuffa, sanda a gefe, tana shafa ƙugu lokacin da take tsammanin ba na kallo.

Washegarin zuwan Herr Buschkötter na ɗaura niyyar bin hanyar gaskiya. Ofishin ruwa yana ganin jama'a Talata da Alhamis, daga tara zuwa sha ɗaya da rabi, don haka na jira Alhamis. Na ciri lamba ta arba'in da ɗaya, allo yana nuna goma sha tara. Da aka kai kaina wata mata mai fara'a ta ce lallai akwai rangwame ga marasa lafiya, amma fom ɗin yana ofishin lafiya. A ofishin lafiya aka ce fom ɗin yana nan, amma takardar likitanmu ba ta isa ba, sai likitan hukuma ya ga Traudel da idonsa ya buga hatimi.

"Yaushe zai gan ta?"

Ta duba na'urarta. "Akwai wuri ranar sha huɗu ga Oktoba."

"A Oktoba ai na naɗe tafkin na sa a rumfa. Wa zai shiga ruwa a waje a Oktoba?"

"To ka ga ba ka bukatar rangwamen ke nan," ta ce, kuma ta yi murna da ta warware mini matsala.

Na dawo gida na tarar da maƙwabciyarmu Frau Odenthal, wato Malama Odenthal, a bakin shinge da bokiti biyu. Shekararta saba'in da huɗu, mijinta ya rasu, ta yi shekara arba'in tana sayar da kan sarki a gidan waya, kuma ban taɓa ganin ta tsallaka titi fitila tana ja ba, ko da titin babu ko kare. Gidanta ne na ƙarshe a layinmu, bayansa sai gonar alkama. Tun da aka kafa dokar take tara ruwan wanke-wanke da na wanka tana kai wa wakenta, domin a ganinta ko butar da aka yarda da ita bai kamata a cika ta daga famfo ba a irin wannan shekara.

"Kada ka yi ta zargin mutanen layi, Herr Dreisbach," ta ce kafin in gaishe ta. "Ni ce na kira su."

"Na gode da kika rage mini aiki. Amma ban buɗe famfon ba."

"Da ka buɗe. Na ga fuskarka."

"Kin san don wa nake yi, Frau Odenthal."

"Na sani, kuma ina tausayin Irmtraud. Amma kowa a garin nan yana da dalili mai kyau. Mai mota yana da shi, mai ciyawa yana da shi. In kowa ya buɗe famfo saboda dalilinsa mai kyau, ranar Lahadi me za mu sha?"

Na dubi bokitinta. Na karanta littattafai da yawa a rayuwata, yawancinsu waɗanda ɗakin karatu ya zubar ne na tsinto, kuma abin haushin shi ne rabinsu suna bayanta. Na ce mata wakenta ya yi kyau. Ta ce ƙarya nake yi, ta wuce da bokitinta.

Ranar Juma'a Gisbert ya leƙo. Tare muka yi makaranta, shi ya zama mai gyaran rufi, kuma shekara talatin ke nan yana cikin 'yan kwana-kwana na sa-kai na garinmu, yanzu shi ne mataimakin shugabansu. Ya dubi tafkin, ya toshe hanci.

"Volkmar, kifi kake kiwo ko kada?"

"Bin doka nake kiwo. Ka ga yadda ta yi ƙiba."

"Kai dai tun muna yara ba ka da wayo. Wa ya ce maka wannan tafkin ninƙaya ne?"

"Mai kantin da ya sayar mini."

"Shi ma ba shi da wayo. Lita nawa yake ci?"

"Dubu goma sha shida."

"Layinku yana bakin gona, bututun gobara mafi kusa yana can wajen coci. Shekara uku muna rubuta wa majalisa a gina ma'ajiyar ruwan kashe gobara a nan, suna cewa ana nazari. To ga ma'ajiya a tsaye." Ya zaro wata takarda a naɗe daga aljihun baya, shafi ɗaya tal. Duk faɗin Jamus ban taɓa ganin fom mai shafi ɗaya ba, har na juya bayansa in tabbatar. "Ka sa hannu, mu sa ka a jerinmu, mu kafa maka jan allo a ƙofa. Ma'ajiyar gobara kuwa doka ta ce dole ta zauna a cike. Gobe Asabar muna da atisaye, ruwan da za mu fesa a filin ajiye motoci ya bi kwata, mu juye maka shi a nan. Kai dai ka tanadi kiret ɗin giya, ka san al'ada."

Na karɓi biro, na kasa rubutu. A layi na huɗu an ce: amfanin ruwan. An bar fili.

"Rubuta kashe gobara," in ji Gisbert.

"Amma ba don kashe gobara nake so ba."

"In wuta ta tashi za ka hana mu ɗiba?"

"A'a."

"To ina ƙaryar?"

"A cikin niyya. Na san abin da nake nufi, kai ma ka sani. Magana tana iya zama gaskiya kalma bayan kalma, amma a jera ta domin a yaudari mai karantawa. Kuma ga Frau Odenthal can tana jan ruwan wanke-wanke, ni kuma in samu dubban litoci saboda na yi aji ɗaya da kai. In ba aji ɗaya muka yi ba fa? Akwai wata mata a wani layi mai irin wannan ƙugu, mijinta bai san kowa ba."

"Fom ɗin bai tambayi abin da ke zuciyarka ba, Volkmar. Babu ma fili."

Daga ƙarƙashin bishiyar tuffa Traudel ta yi magana, ba ta ko ɗaga murya ba. "Volkmar."

"Na'am."

"Kwana tara ban shiga ruwa ba. Yau da safe na kasa sa safa da kaina. Ƙafata ba ta karanta littattafanka ba. Ka sa hannu, in ya so ka ji kunyar daga baya, ai ka iya."

Na sa hannu. Gaskiyarta ne, na iya.

Asabar da rana jar mota ta tsaya a ƙofarmu, ƙarti shida da mace ɗaya cikin hular kwano suka ja mesa ta tsakiyar furannin Traudel. Ruwan da suka kawo daga bututun gari yake, wato ruwan nan dai da aka hana ni, sai dai ya shigo ta ƙofar gaba da kayan sarki. Cikin 'yan mintoci ya haura bakin injin. Suka ɗaure jan allo a ƙofar lambu, suka zauna a inuwa suka ga bayan kiret ɗin da rabin kek ɗin da Traudel ta gasa, matar cikinsu tana yi wa Gisbert tsiya wai tumbinsa ma ya kamata a sa shi a jerin ma'ajiyoyi. Frau Odenthal tana tsaye a tagarta daga farko har ƙarshe. Ba ta kira kowa ba. Ta karanta allon, ta san babu wanda za a kira.

Kwana uku na yi ina dawo da ruwan hayyacinsa. Na zuba kulorin mai yawa a tashi ɗaya, na bar injin yana aiki ba hutu, na goge bango da buroshi mai dogon hannu har kafaɗata ta ƙage. Kore ya koma fari kamar madara, matacciyar gansakuka ta kwanta a ƙasa, na bi ta da tiyon zuƙa a hankali kada ta tashi. Ranar Laraba na jefa cokali na gan shi a ƙasa sarai. Traudel ta hau tsani ina riƙe da ita, ta shiga, ta fara zagaye tana ƙirgawa. Ban taɓa jin daɗin ganin mutum yana tafiya ba ya zuwa ko'ina kamar ranar ba.

Herr Buschkötter ya sake biyowa cikin makon. Ya ga tafki cike, ya zaro biro, sai ya ga allo. Ya karanta sau biyu, ya mayar da biron.

"Akwai mutum a cikin ma'ajiyarka, Herr Dreisbach."

"Tana duba zurfi ne."

Ya duba takardarsa. Ba a hana ba.

Haka muka yi mako uku. Kowace safiya Traudel tana zagaye a ruwa, a ɗaya gefen shinge kuma waken Frau Odenthal yana komawa ruwan ƙasa ganye bayan ganye. Na yi mata tayin bokiti biyu daga famfona, wanda doka ta yarda da shi. Ta ce ta gode, ba ta karɓar ruwa daga ma'aikatan gwamnati. Ni kuwa na riƙa kwashe ganye da raga ina auna abin: na yi daidai da na yi wa matata, na yi ba daidai ba da na yi ta wannan hanya, kuma babu wata hanyar. Na juya shi ta kowace fuska, kullum sai in tarar ina tsaye a wuri ɗaya da raga a hannu.

Ranar Alhamis ta biyu a watan Agusta, wajen ƙarfe uku na rana, injin girbi yana aiki a gonar alkamar da ke bayan layinmu. An ce dutse ya buga, tartsatsi ya tashi. Ni dai abin da na fara ji wari ne, sannan jiniya. Kafin in fito daga rumfar kaya hayaƙi ya rufe rana, iska kuma tana turo wutar kai tsaye zuwa shingen Frau Odenthal, inda ta jera itacen hunturu har rufi.

Traudel tana cikin ruwa a lokacin. Na bi ta cikin gida na fita titi, na ruga wajen Frau Odenthal, na same ta a tsakar gida da bokitin wanke-wanke ɗaya a hannu tana kallon wuta mai tsawon mutum biyu. Na ja ta zuwa titi, tana ce mini in sake ta, takardun gidan suna ciki. Jar motar ta shawo kwana, Gisbert ya diro yana ihu.

"Volkmar! Ƙofar lambunka! Ma'ajiya!"

Ƙofar a kulle take ta ciki, ni kuma ina riƙe da tsohuwa mai son komawa cikin hayaƙi. Sai ƙofar ta buɗe. Traudel ce, cikin rigar wanka, ruwa yana zuba daga jikinta, ba takalmi. Ta haye tsanin ita kaɗai, ta sauka, ta ratsa lambun gaba ɗaya, mita ashirin ko fiye. Sandar tana can jingine a jikin tafki.

"Ku shigo mana, kun tsaya kuna kallona!" ta ce musu. "Ba ku taɓa ganin tsohuwa a jiƙe ba?"

Suka jefa babbar mesa a ciki. Minti ashirin injinsu ya yi ya shanye abin da na yi mako uku ina lallaɓawa, har ɗan gwangwanin kulorin ya zauna a ƙasa. Amma minti ashirin ɗin nan su ne suka riƙe wutar a bakin shinge har motocin garuruwan maƙwabta suka iso. Shingen ya ƙone, itacen hunturu ya ƙone, waken da ya rage ya huta da wahala. Gidan yana nan, ko labule bai yi baƙi ba.

Da yamma ta yi, Frau Odenthal ta zo ƙofarmu da kwalbar zuma. Ta miƙa wa Traudel, sannan ta juyo gare ni.

"Abin da ka yi da fom ɗin nan maguɗi ne, Herr Dreisbach."

"Na sani."

"Ban canza ra'ayi ba."

"Ban ce ki canza ba."

"To. Na gode." Ta gyara gilashinta. "Irmtraud, ina sandarki?"

Traudel ta dubi hannunta, ta dubi lambu. "Oho. Tana can wani wuri."

Tun ranar nake fama da lissafin da ya ƙi fita. Da na kasance mai gaskiya irin Frau Odenthal, da yanzu tana kwana a ɗakin baƙinmu. Da ita ta kasance mai lanƙwasa irina, da ta ci wake. Na rubuta ƙarya a layi na huɗu, bayan mako uku ta zama gaskiya ba tare da ta nemi shawarata ba. Shin na zama mai gaskiya ke nan tun daga ranar da na sa hannu, ko tun daga ranar gobara, ko ban zama ba har yanzu? Na tambayi Gisbert da suka zo sake cika ma'ajiyar bayan kwana biyu, kamar yadda doka ta tilasta musu. Ya ce in ba ni da abin yi in zo in riƙe mesa. Traudel kuwa ta ci gaba da zagayenta, kuma ranar Litinin ta je gidan burodi da ƙafarta ta dawo, ta ce burodin ma ya ragu da girma tun da ta daina zuwa sa ido.

Jiya wasiƙu biyu suka zo daga majalisar gari. Ta farko takarda ce mai kauri da zanen zinariya a gefe, tana yaba wa Herr Volkmar Dreisbach bisa kishin al'umma, tana kuma tunatar da jama'a cewa wannan nasara ta samo asali ne daga hangen nesan majalisa wajen samar da ma'ajiyoyin ruwa a unguwannin bakin gari. Ta biyu siririya ce. Tana sanar da ni cewa an samu rahoton zubar da ruwa mai kulorin, lita dubu goma sha shida, a kan ƙasar noma ba tare da izini ba, kuma a matsayina na mai ruwan ina da mako biyu in yi bayani a rubuce kafin a yanke tara. Na jera su a kan teburin cin abinci. Rana ɗaya aka rubuta su, hannu ɗaya ya sa musu, har inda biron ya ɗan tsallake iri ɗaya ne.

Na buga waya in tambaya wacce zan fara amsawa, ta godiya ko ta laifi. Aka ce Mai Girma mai sa hannun ya tafi hutu bakin teku, sai ƙarshen wata. Ban ga laifinsa ba, bawan Allah. An ce can akwai ruwa.